Velikovsky, Nibiru, Hancock ko Alvarez: Wanne Ya Cancanci Lokacinka da Datarka?

Ƙanena malamin labarin ƙasa ne a wata sakandare. Ran nan bayan Magariba ya zauna kusa da ni a kan tabarma, ya miƙo mini wayarsa mai tsagaggen gilashi, ya ce: "Yaya, dubi abin da yaran nan suke turo mini. Wannan ya ce wata duniya na tafe za ta yi karo da tamu, wancan ya ce an taɓa yin wata al'umma da ta fi mu ilmi, dutse ya faɗo ya shafe ta. Ina so in yi karatun abin a hutun nan in sami abin gaya musu, amma ban san ta inda zan kama ba."

Da na bi bidiyoyin ɗaya bayan ɗaya sai na ga kusan duk daga rijiya biyar suke ɗibar ruwa. Hutu gajere ne, data kuma ba kyauta ba ce, saboda haka dole a yi zaɓi. Ga abin da na auna masa, ko zai amfani wanda ke cikin irin wannan ruɗu.

Ma'aunin da na ɗauka

Abu huɗu ne. Tsada: kuɗin littafi, data, da lokacin da abin zai ci. Ƙarko: ba yawan shekarun da magana ta yi tana yawo ba, a'a, yadda ta tsaya bayan wasu mutane dabam sun je sun haƙa, sun auna da hannunsu. Sauƙi: ko mai karatun sakandare zai iya bi. Haɗari: abin da za ka yi asara idan ka gaskata, tun daga kwanciyar hankali har zuwa mutuncinka a gaban ɗalibai.

Akwai ma'auni guda da na ƙi ɗauka da gangan, wato "masana sun ƙi shi". Wannan bai isa hujja ba, ko ta wane ɓangare. A 1923 wani masanin duwatsu ɗan Amurka, J Harlen Bretz, ya ce ambaliya ce mai girman gaske ta sassaƙa kwazazzaban da ke gabashin jihar Washinton cikin ɗan ƙanƙanin lokaci. Manyan fagen suka yi masa ca. Daga baya aka tabbatar da inda ruwan ya fito, wani tsohon tafki da ƙanƙara ta tare a Montana, kuma a 1979 aka ba shi lambar Penrose, mafi girma ta ƙungiyar masana duwatsun Amurka, yana da shekara 96. Amma kada a manta: abin da ya wanke Bretz kwazazzabai ne da tulin tsakuwa da kowa zai iya zuwa ya taka. Ba dariyar da aka yi masa ce ta wanke shi ba.

Velikovsky da Zara

Immanuel Velikovsky likitan ƙwaƙwalwa ne, haifaffen Daular Rasha a 1895. A 1950 ya fitar da littafin Worlds in Collision, inda ya ce Zara, wadda muke kira matar wata, ba tsohuwa ba ce. Wai daga jikin Mushtari, wato Jupita, ta ɓalle a matsayin tauraruwa mai wutsiya, ta gifta kusa da duniyarmu wajen shekara 1,500 kafin Miladiyya, kuma wai giftawar ce ta jawo annobobin da suka sauka a Masar zamanin Annabi Musa (AS). Har mannu da aka saukar wa Bani Isra'ila, a wajensa daga wutsiyarta ya zubo, tare da ɗanyen man fetur. Bai tsaya nan ba: a littafinsa na 1952 ya ce an yi kuskuren wajen ƙarni biyar zuwa shida a lissafin tarihin Masar, ya mayar da sarauniya Hatshepsut ita ce sarauniyar Saba.

Yadda masana suka tarbe shi abin kunya ne, gara a faɗa. Masanin taurari Harlow Shapley na jami'ar Harvard da wasu suka matsa wa kamfanin Macmillan lamba, har da barazanar daina sayen littattafansa na makaranta. Kamfanin ya miƙa wa Doubleday littafin a lokacin da yake kan gaba a kasuwa, editan da ya karɓe shi ya rasa aikinsa, kuma wasu masu sukar sun amsa da bakinsu cewa ba su karanta shi ba. Wannan zaluncin ne ya yi wa Velikovsky talla fiye da duk hujjarsa. Har yau magoya bayansa da shi suke fara magana.

Ta fuskar ƙarko fa? Magoya baya suna kafa hujja da abu biyu: ya ce Mushtari na fitar da sautin rediyo, aka gano haka a 1955, ya ce Zara na da zafi, kumbon Mariner 2 ya tabbatar a 1962. To amma dalilin zafin ba wanda ya bayar ba ne. Iskar Zara kusan kashi 96 cikin ɗari kabon dayokzayid ce, ita ke tsare zafin rana har ya kai wajen digiri 460, kuma wani masani, Rupert Wildt, ya riga ya yi wannan hasashen tun 1940. Sinadaran man fetur da Velikovsky ya yi alkawari ba a same su ba. Gajimarenta na asid ne. Mushtari kusan duk iska ce, Zara kuwa dutse ce mai nauyin kusan kashi 80 cikin ɗari na duniyarmu, to ta ina iska za ta haifi dutse? Falakin Zara, wato hanyar da take bi tana zagaya rana, ya fi na kowace duniya kusa da cikakkiyar da'ira, abin da ba ya faruwa ga wadda ta gama ragargaza sama jiya-jiya. Sannan allunan laka na Babila, na zamanin sarki Ammisaduka, sun rubuta fitowarta da ɓuyarta a tsare tun kafin lokacin da aka ce ta ɓalle. Ƙanƙarar Girinland da zoben jikin tsofaffin itatuwa, waɗanda ke ajiye tarihin kowace shekara, ba su nuna wata gobarar duniya a wancan lokaci ba. A 1974 aka yi zama a San Faransisko, masanin taurari Carl Sagan da wasu suka fuskanci Velikovsky ido da ido. Ya rasu a 1979 bai janye ko kalma ɗaya ba.

Tsadarsa lokaci ce: shafi wajen 400 cike da ambaton tatsuniyoyin al'ummu, kuma tsohon littafi ne da sai an yi odarsa daga waje. Karatunsa na da daɗi, amma bin diddigin ambatonsa aiki ne ja. Haɗarinsa matsakaici ne. Babu wanda zai hana ka barci, sai dai mai imani ya lura: abin da ake kawo maka a matsayin "kimiyya ta tabbatar da mu'ujiza" a gaskiya mayar da mu'ujizar yake yi hatsarin taurari, kuma a kan lissafin da ya riga ya rushe.

Sitchin da Nibiru

Wannan shi ne mafi arha, shi ne kuma ya fi cika wayoyin yara. Zecharia Sitchin ya karanci tattalin arziki ne a Landan, harshen Sumer na tsohuwar Iraƙi kuwa da kansa ya koya wa kansa. A littafinsa The 12th Planet na 1976 ya ce akwai wata duniya, Nibiru, mai zagayo rana duk shekara 3,600, kuma wai mazaunanta, Anunnaki, sun zo neman zinariya suka ƙirƙiri ɗan Adam don ya yi musu haƙa. Maganar za ta zo ta halaka duniyarmu ma ba tasa ba ce; wata mata, Nancy Lieder, ta ƙara ta a 1995, ta sa watan Mayun 2003. Ranar ta wuce lafiya. Aka ɗaga zuwa 21 ga Disamba 2012, aka jingina ta da kalandar mutanen Maya na tsohuwar Meziko. Sai 23 ga Satumba 2017. Duk mun karya kumallo washegari.

Ƙarko babu. Masu karanta rubutun laka sun nuna cewa kalmar da ya kira Nibiru tana nufin mashigi ko mahaya, kuma galibi ana danganta ta da Mushtari da gunkin Marduk. Ƙamus ɗin Assuriya na jami'ar Shikago da tarin adabin Sumer na jami'ar Oksfod duk suna intanet kyauta, kowa na iya dubawa. Na'urar hangen nesa ta WISE ta NASA, hukumar binciken sararin samaniya ta Amurka, ta leƙa sama gaba ɗaya, sakamakon 2014 ya nuna babu wani abu mai girman Zuhal, wato Satan, har nisan da ya ninka tazararmu da rana sau 10,000. Kuma duniyar da ta rage mata 'yan watanni ta iso, makiyayi a daji zai gan ta da idonsa. Gwamnati ba ta iya ɓoye sama. Kada a haɗa wannan da hasashen duniya ta tara da masana taurari Batygin da Brown suka yi a 2016: ita can nesa take bayan Neftun, idan ma akwai ta, ba ta da hanyar zuwa nan.

Haɗarinsa ya fi na kowa. David Morrison na NASA ya ba da labarin wasiƙun da ya riƙa samu kafin 2012 daga yara da tsoro ya hana su ci da barci. Ga Musulmi da Kirista kuma, maganar wasu baƙi ne suka ƙera mutum ba ta buƙatar dogon sharhi.

Dutsen shekara 12,900

Nan ne zaɓin ke da wuya, domin wannan rigima ce ta cikin gida tsakanin masana, a mujallun kimiyya na gaske.

Abin da kowa ya yarda da shi: wajen shekara 12,900 da suka wuce, duniya na fita daga zamanin ƙanƙara, sai sanyi ya komo ba zato a arewacinta ya zauna kusan shekara 1,200. Ana kiran wannan lokaci Younger Dryas, da sunan wani furen ƙasashen sanyi. A yankinmu fari ya zama. Sai bayan wucewarsa damina ta kankama har Tafkin Chadi ya tumbatsa ya zama kamar teku. Bayanin da akasarin masana suka fi karkata gare shi shi ne narkakkiyar ƙanƙarar Arewacin Amurka ta kwarara cikin Atilantika, ta rage gudun igiyar ruwan ɗumi da ke kai zafi arewa.

A 2007 Richard Firestone, Allen West, James Kennett da abokansu suka ce a'a, tauraruwa mai wutsiya ce ta tarwatse a sama, ta tada gobara, ta kashe manyan dabbobi irin su giwar mamot, ta kawo ƙarshen al'adar mafarautan Clovis na Arewacin Amurka. Hausawa dai sun ce ganinta ba alheri ba. Hujjarsu wani baƙin shimfiɗin ƙasa ne a wurare da dama, da ƙananan ƙwayoyin narkakken ƙarfe, da ƙurar lu'ulu'u da ido ba ya gani.

Abin yabo a nan shi ne sun faɗi abin da za a iya gwadawa, aka kuwa gwada. A 2009 Todd Surovell da tawagarsa suka je wasu daga cikin wuraren, ba su sami abin da aka ce ba. A 2010 wasu suka nuna cewa wasu ƙwayoyin gawayin da aka ɗauka shaidar gobarar sama ce, ashe dunƙulen naman gwari ne da kashin ƙwari. Sai 2013 ta zo wa magoya baya da daɗi: an sami hauhawar ƙarfen filatinam a ƙanƙarar Girinland daidai wajen wannan lokaci, abin da har yanzu ake gardamar asalinsa. A 2018 aka sanar da wani rami mai faɗin kilomita 31 ƙarƙashin ƙanƙarar Hiawatha ta Girinland, murna ta tashi, an sami inda dutsen ya faɗi. A 2022 aka auna shekarunsa: miliyan 58. Dabbobin ma ba rana ɗaya suka ƙare ba. Mamot ya rayu a tsibirin Wrangel har wajen shekara 4,000 da suka wuce, lokacin dala na tsaye a Masar.

Magoya baya suna cewa ba dole sai an ga rami ba, ai abin da ya fashe a saman Tunguska ta Saberiya a 1908 ya kwantar da daji na fiye da murabba'in kilomita 2,000 bai bar rami ba. Gaskiya ne, amma Tunguska ba ta sauya yanayin duniya na shekara dubu ba. Wani abin da ya rage musu kwarjini: wasu daga cikinsu sun wallafa a 2021 cewa irin wannan fashewar ce ta hallaka Tall el-Hammam a Jodan, aka riƙa yaɗa cewa an gano birnin mutanen Annabi Luɗu (AS). Mujallar ta janye takardar a Afrilun 2025. Na san mutanen da suka yi ta tura labarin farko; ban ga ko ɗaya ya tura na janyewar ba.

Kuɗi kaɗan ne, takardu da yawa kyauta suke. Amma Turancinsu mai kauri ne, kuma sai ka karanta ɓangare biyu. Haɗarin shi ne ka karanta ɗaya kawai.

Hancock da ɓatacciyar al'umma

Graham Hancock ɗan jarida ne ɗan Birtaniya, kuma ya iya ba da labari, wannan ba a ƙwace masa. Ya ɗauki hasashen 2007 ya ɗora masa bene: wai akwai wata al'umma mai zurfin ilmi a zamanin ƙanƙara, bala'in ya shafe ta, waɗanda suka tsira suka bazu suna koya wa mutane noma da gini. Shirinsa Ancient Apocalypse ya fito a Netflix a Nuwamban 2022, kashi 8. Sai ka biya kuɗin wata ga data mai yawa, amma shi ne mafi sauƙin bi, hotunan kuma na ɗaukar ido.

Wuraren da yake nunawa na gaske ne. Göbekli Tepe a Turkiyya, mai ginshiƙan dutse na wajen shekara 9,500 kafin Miladiyya, ta girgiza masana. Sai dai masanan ne suka haƙa ta, Klaus Schmidt da tawagarsa tun 1995, kuma abin da suka tarar kayan aikin ƙanƙarar dutse ne da ƙasusuwan namun daji, ba ƙarfe ba. Al'umma ba ta ɓacewa ba ta bar shara ba. Muna da dubban sansanonin mafarautan wancan zamani, har da tokar murhunsu, amma babu ko tsingaron tukunya na masu ilmin. Ƙanƙarar Girinland ta riƙe ƙurar darmar da Rumawa suka narka, ba ta riƙe ta kowa ba a zamanin ƙanƙara. Takardar da ta ce tsaunin Gunung Padang na Indunusiya dala ce mai shekara fiye da 20,000 an janye ta a 2024, domin ƙasa aka auna, ba abin da hannun mutum ya taɓa ba.

Haɗarin da ya fi damuna mu ya shafa. A 1910 Bajamushe Leo Frobenius ya ga kawunan Ife, ya kasa yarda cewa kakannin Yarabawa ne suka yi, ya ce ragowar Atlantis ne, tsibirin tatsuniya da aka ce teku ya haɗiye. Haka aka yi wa ginin Babbar Zimbabuwe. Hancock ya musanta cewa yana da wannan nufi, kuma ban ce yana da shi ba, amma ƙashin labarin ɗaya ne: mutanen wuri ba su iya ba sai da baƙo ya koya musu.

Alvarez da ramin Meziko

Shi ma da farko an ɗauke shi wauta. A 1980 Luis Alvarez, mai lambar Nobel ta fizik, da ɗansa Walter, da Frank Asaro da Helen Michel, suka auna wani siririn shimfiɗin yumɓu mai kaurin kamar santimita 1 a Gubbio ta Italiya, suka tarar da ƙarfen iridiyam ya ninka na al'ada wajen sau 30. Ƙarfen na da ƙaranci a ɓawon duniya amma yana da yawa a duwatsun sama. Suka ce dutse mai faɗin kilomita 10 ne ya faɗo shekara miliyan 66 da suka wuce, a lissafin yau, ya share dabbobin dainoso da kusan kashi uku cikin huɗu na nau'o'in halittu. Masana ƙasusuwa suka ƙi, aka yi shekara goma ana cacar baki, Luis ma bai da taushin harshe.

Bambancin shi ne duk wanda ya je neman shaida ya dawo da ita: iridiyam a Denmak da Niyu Zilan da wurare fiye da ɗari, da ƙwayoyin yashi masu tabon matsanancin bugu, sannan a 1991 Alan Hildebrand ya haɗa zancen da wani rami mai faɗin kilomita 180 a Chicxulub ta Meziko, wanda masu neman mai na kamfanin Pemex suka hango tun 1978. A 2016 aka haƙa cikinsa aka ciro duwatsun. Har yanzu Gerta Keller da wasu na ganin aman wutar Dekkan ta Indiya ya taka rawa babba, amma ba mai musun faɗowar dutsen. Kuma labarin ya taɓa ƙasarmu: a lokacin teku ne ya rufe yankin Sakkwato, kuma wani ƙaton dabban ruwa da aka tono ƙasusuwansa can, aka sa masa suna Goronyosaurus saboda Goronyo, yana cikin dangin da suka ƙare a wannan lokaci.

| Zaɓi | Tsada | Ƙarko | Sauƙi | Haɗari |
|---|---|---|---|---|
| Velikovsky, 1950 | Littafi daga waje, lokaci mai yawa | Ya rushe | Matsakaici | Matsakaici |
| Nibiru, 1976 | Bidiyo kyauta, data kawai | Babu | Sosai | Babba |
| Dutsen shekara 12,900, 2007 | Kuɗi kaɗan, wahala da yawa | Yana tangal-tangal | Da wuya | Kaɗan, in ka ji ɓangare biyu |
| Hancock, 2022 | Kuɗin wata da data | Wuraren gaskiya, labarin babu shaida | Sosai | Babba ga sabon shiga |
| Alvarez, 1980 | Kusan kyauta | Ya tsaya | Matsakaici | Kaɗan |

Wa ya dace da wanne

Idan kai malami ne mai neman abin da za ka tsaya a kai gaban allo, ɗauki Alvarez, ka haɗa da Bretz. Idan kana jami'a kana son ganin yadda ake gardamar kimiyya da ranta, dutsen shekara 12,900 naka ne, da sharaɗin duk takardar goyon baya da ka karanta ka nemi martaninta. Mai sha'awar yadda masana ke iya yin gaskiya a hujja su yi kuskure a hali, Velikovsky zai ƙosar da shi. Rigimar Macmillan ta fi littafin kansa darasi. Mai son kallon wurare bayan isha'i ya kalli Hancock, amma ya rubuta sunan kowane wuri ya nemi abin da waɗanda suka haƙa shi suka ce. Nibiru kuwa minti goma ya ishe ka: haddace 2003, 2012 da 2017 don ranar da yaro zai zo maka a firgice da sabuwar rana.

Ƙanena Alvarez ya ɗauka. Na ce masa ya buɗe darasin da abin da ke kusa: tafkin Bosumtwi kusa da Kumasi, wanda ramin dutsen sama ne mai faɗin fiye da kilomita 10, da kuma dutse mai nauyin kilo 18 da ya faɗo kusa da wani manomi a Zagami ta ƙasar Katsina ranar 3 ga Oktoba 1962, wanda aka tabbatar daga duniyar Mirrihi, wato Mas, ya taso. Ya karɓi wayarsa ya ce, "Yaya, na Zagamin nan zan fara da shi, akwai 'yan Faskari biyu a ajina."